Gwamna biyu, hanya ɗaya daga Maraɗi zuwa Katsina

Jama'a, assalamu alaikum. Ka hau mota daga Maraɗi, ka bi ta Ɗan Issa, ka ƙetara Jibiya, ga ka a Katsina. Harshe ɗaya, dangi ɗaya, auratayya ba ta yanke ba. To amma tambayi mutumin Katsina wa ya naɗa gwamnansu, zai ce ƙuri'a. Namu na Maraɗi kuwa daga Yamai ake turo shi. Najeriya tarayya ce mai jihohi 36, Nijar dunƙulalliyar ƙasa ce mai jihohi 8.

Wannan tambayar da ka yi, ita ce tushen ilimin kwatanta tsarin siyasa: a jera ƙasashe biyu, a duba inda suka yi kama, a nemo abin da ya raba su.

Najeriya ta fara da tsarin Ingila a 1960, Tafawa Ɓalewa na firaminista. A 1979 ta koma salon Amurka, Shehu Shagari ya zama shugaba mai cikakken iko.

Mu kuma a Nijar, bayan babban taron ƙasa na 1991, mun ɗauko salon Faransa: shugaban ƙasa da jama'a ke zaɓa, ga kuma firaminista da ke dogaro da rinjayen majalisa. A nan nake so ku natsu. Mahamane Ousmane ya ci zaɓen shugaban ƙasa a 1993. A 1995 ƴan adawa suka kwashe rinjayen majalisa, Hama Amadou ya zama firaminista. Sai zaman doya da manja: wa zai kira taron ministoci, wa zai naɗa manyan ma'aikata? Aiki ya tsaya cik. Ranar 27 ga Janairun 1996 hafsan soja Ibrahim Bare Mainasara ya kifar da gwamnatin.

Faransa ma ta ɗanɗana irin wannan zama a 1986, tsakanin shugaba Mitterrand da firaminista Chirac, kuma soja bai fito daga bariki ba. Me ya sa? A ganina, kundin tsarin mulkinsu ya shekara 28 ana aiki da shi, kowa ya san iyakar gonarsa. Namu ko shekara huɗu bai cika ba, ga baitulmali a bushe, ga sojojin da suka riƙe mulki tun 1974 suna kallo daga gefe.

Bare ya kawo tsarin shugaba mai cikakken iko a 1996. Da aka sake rubuta kundi a 1999, sai aka dawo da shugaba da firaminista.