Fodkas: Idan Katanga Ta Tsage Tsakanin Duniyoyi Biyu

Rabi: Jama'a, barkanku da warhaka. Saƙonninku sun yi ta shigowa a kan Stranger Things, shirin talabijin ɗin nan na Amurka da labarinsa yake faruwa a wani gari mai suna Hawkins, wanda yake da wani kwafinsa mai duhu a ƙarƙashi, kuma mafi yawansu tambaya ɗaya suke yi: shin wancan Hawkins na ƙarƙashi wata duniya ce dabam, ko kuwa garin ne da kansa ya lalace? Yaya Habibu ya zo da shirinsa, na ga har da takarda a hannu.

Habibu: Malama Rabi, ni abin da ya fi ɗaukar hankalina a shirin nan tun fitowarsa a 2016 shi ne kamfas. Yaran da ke cikin shirin sun lura cewa allurarsa ta daina nuna arewa, ta karkata zuwa ɗakin gwaje-gwajen gwamnati inda ƙofar shiga wancan ƙarƙashin ta buɗe, wato tun kafin su ga tsagar da idonsu, dokar da kowa ya dogara da ita ta riga ta karye. Daga baya kuma aka gano cewa a can ƙarƙashin, lokaci ya tsaya cak a ranar 6 ga Nuwamba, 1983, ranar da ɗaya daga cikin yaran, Will, ya ɓata. Wannan shi ne abin tsoro na gaske, amma sai masu shirin suka yi ta ƙaro dodanni har dodon ya rufe ƙasar da ya fito daga cikinta.

Nura: To ai dodon ne ya sa mutane suke kallo, Yaya.

Habibu: Shi ya sa nake cewa 'yan'uwan nan biyu na Tarayyar Sobiyet, Arkady da Boris Strugatsky, sun fi su iya gina wuri. A littafinsu Roadside Picnic na 1972, wasu baƙi daga sararin samaniya sun sauka a wurare shida a doron ƙasa, suka tafi ba tare da sun yi wa kowa magana ba, suka bar yankuna da babu abin da yake aiki yadda aka saba. Babu dodo ko ɗaya mai bin mutum. Akwai dai filin da za ka gan shi lafiya lau, amma nauyin da ke jan abu ƙasa ya ninka a wurin har ya isa ya murƙushe mutum, don haka masu shiga satar kaya suke jefa noti a gabansu, su dubi yadda ya faɗi kafin su ɗaga ƙafa. Akwai kuma faifai biyu na jan ƙarfe da babu komai a tsakaninsu, amma ba mai iya haɗa su, ba mai iya raba su.

Nura: Ke nan da ni ne, sai in tsaya wurin bakanike in cika aljihu da noti kafin in shiga.

Rabi: Kai da kake zubar da makullinka kullum, noti nawa zai kai ka bakin shingen?

Nura: Sai in ɗauki bakaniken gaba ɗaya, ya riƙa jefawa ina biye da shi a baya.

Rabi: Kuma idan notin ya ƙare, shi za ka tura gaba ke nan.

Habibu: Abin da kike faɗa da wasa shi ne ya faru a ƙarshen littafin, domin jagoran labarin, wanda yake cikin masu shiga satar kayan, ya bar wani saurayi ya wuce gaba ya faɗa wani tarko, don shi ya samu hanya. Kuma yankin bai tsaya a bayan shinge ba, ya bi mutane har gida: 'yar jagoran an haife ta da gashi a duk jikinta, tana girma tana nisa da ɗabi'ar mutane. Jeff VanderMeer ya bi irin wannan hanya a Annihilation na 2014, inda mata huɗu na ayari na goma sha biyu da aka tura binciken wani yanki irin wannan suka tarar da rubutu a bangon wani rami, rubutun kuma da wani abu mai rai aka yi shi, yana tsiro kamar gansakuka.

Rabi: Bari in shigo da abin da wata mai sauraro ta rubuto, domin ta ce mu ai mun daɗe da wannan. A wurin 'yan bori akwai Jangare, birnin iskoki, wanda ake cewa idon mutum ba ya ganinsa. Kuma duk wanda ya tashi a ƙasar Hausa an hana shi zama gindin tsamiya da tsakar rana, an kira shi cikin gida da magariba, an ce ya yi bisimilla kafin ya zubar da ruwan zafi.

Habibu: Tana da gaskiya, sai dai akwai bambanci babba. A labarin Amurka katangar mai kauri ce, sai da gwamnati ta yi ganganci ta fasa ta, don haka duk labarin neman hanyar toshewa ne. A namu kuwa katangar dama siririya ce, ba wanda ya fasa ta kuma ba wanda yake tunanin rufe ta, abin da ake koya wa yaro shi ne ladabin zama da maƙwabcin da ba a gani, da sanin lokacinsa da wurinsa. A ganina marubucin Hausa da zai gina irin wannan ƙasa ba ya bukatar ɗakin gwaje-gwaje, ya ishe shi unguwa guda wadda lokutan suka rikice a cikinta, magariba ta riƙa faɗowa da hantsi, tsofaffi su rasa wace doka za su koya wa jikokinsu. Sannan akwai maganar madubi da rijiya, wadda na rubuta shafi guda a kanta…

Rabi: Yaya Habibu, mai ɗaukar sauti yana nuna mini agogo, kuma ba mu amsa tambayar Hawkins ɗin ba.

Nura: Amsar tana shafi na nawa, Yaya?

Habibu: Tana shafi na huɗu.

Rabi: To sai mako mai zuwa idan Allah ya kai mu. Ku ci gaba da aiko da saƙonninku.